Smita Patil: Daga karanta labarai a talabijin zuwa finafinai sama da 80, ta rasu tana da shekara 31

 Yau Indiya za mu leƙa, amma ba Indiyar su Shah Rukh Khan da Salman ba. Ta can baya ce, lokacin da iyayenmu ke turereniya a layin tikitin silima.

Duk wanda ya tashi a gidan da ake kallon Indiya, ko bai riƙe sunanta ba, da wuya a ce bai taɓa ganin fuskarta ba. Ku tuna Namak Halaal, fim ɗin Amitabh Bachchan na 1982, da waƙar nan da ake yi a tsakiyar titi ana sheƙa ruwan sama, shi da wata mace mai manyan idanu sanye da farin sari, sun jiƙe sharkaf. To ita ce Smita Patil. Har yau guntun waƙar yana yawo a YouTube da TikTok. Abin da yawancin masu tura shi ba su sani ba shi ne, a duk aikin da ta yi a rayuwarta, wannan yana cikin waɗanda ba ta so. Amitabh da kansa ya ba da labari daga baya cewa a takure ta yi fim ɗin, tana ganin ba irin aikinta ba ne. Ana ma cewa ranar da aka gama ɗaukar waƙar, kuka ta yi da ta koma gida.

To mene ne irin aikin nata? Abin da ya kawo mu ke nan.

An haife ta ranar 17 ga Oktoba, 1955 a birnin Pune da ke jihar Maharashtra. Mahaifinta, Shivajirao Patil, yana cikin waɗanda suka yi gwagwarmayar korar Turawan Ingila, daga baya ya zama ɗan siyasa har ya riƙe minista a jiharsu. Mahaifiyarta, Vidyatai, ma'aikaciyar jinya ce da ta ƙare rayuwarta a hidimar mata da yara marasa galihu. Su uku ne a gidan, duk mata, ita ce ta tsakiya. Gida ne da ake maganar talaka da zalunci a wajen cin abinci kamar yadda wasu ke maganar ƙwallo. Ku riƙe wannan, domin shi ne ya bi ta har ƙarshe. Makarantar da ake koyarwa da harshen Marathi ta yi, kafin iyalin su koma Bombay, wato Mumbai ta yanzu, inda ta shiga jami'a.

A 1972 gidan talabijin na gwamnati, Doordarshan, ya buɗe tasha a Bombay. Hoto baƙi da fari ne, tasha ɗaya tal, babu maganar canza wata. Duk wanda ya bayyana a wannan akwati, gari duka ya gan shi. Smita ba ta kai shekara 20 ba aka ɗauke ta tana karanta labarai da Marathi. Ita kuma yarinya ce mai son wandon jins, ga shi doka ce sai da sari ake fitowa. Sai ta riƙa zuwa da wandonta, saura 'yan mintoci a fara ta naɗa sari a kai, tunda kyamara iya ƙirji take ɗauka. Wanda ya taɓa shiga taron Zoom da riga mai kyau a sama da gajeren wando a ƙasa ya san dabarar.

A can darakta Shyam Benegal ya gan ta. Ya fara saka ta a wani fim na yara mai suna Charandas Chor a 1975, a shekarar kuma ya ba ta rol a Nishant.

A nan sai mun ɗan tsaya a kan maganar launin fata, domin ba ƙaramin abu ba ne a labarinta. A wajenmu da wankan tarwaɗa za mu kira ta. A ma'aunin masana'antar fim ta Bombay kuwa baƙa ce, kuma a wancan zamani jaruma fara ake nema, mai kumatu, mai dogon gashi, wadda za ta zagaya bishiya tana rawa. Wani abin mamaki, a 1975 ɗin da Smita ta fara fitowa a fim, a ita ce aka fara sayar da man ƙara hasken fata na Fair & Lovely a Indiya, man da ya yi shekaru yana gaya wa 'yan mata cewa aure da aiki sai fara. Sai a 2020 kamfanin ya canza masa suna bayan an yi ta sukarsa. Smita ba ta sauya kalarta ba, sau da yawa ma ko hoda ba ta yarda a shafa mata a finafinanta na farko. 'Yan uwana mata masu fama da man bilicin da masu ɗora filta uku kafin su saki hoto, ku nemi hotonta ku gani da idonku, ni ba zan ce komai ba.

Abin da ya taimake ta shi ne ta zo a daidai lokacin da wasu daraktoci suka gaji da fim ɗin rawa da bos da faɗan mutum ɗaya da mutum hamsin. Su Benegal, Govind Nihalani, Ketan Mehta, Saeed Mirza da ire-irensu suka koma yin finafinai masu ƙaramin kasafi a kan ƙauye, talauci, 'yan sanda, masu gonaki da halin da mata ke ciki. 'Yan wasansu ma daban ne: Naseeruddin Shah, Om Puri, Shabana Azmi, sai ita Smita.

Fim ɗin da ya fi burge ni a tarihinta shi ne Manthan na 1976, tun daga yadda aka samu kuɗin yin sa. Manoma masu kiwon shanu da ɓauna 500,000 na jihar Gujarat ne kowa ya ba da rufi 2. A haɗe rufi miliyan 1 ke nan, da shi aka yi fim ɗin. Wato irin karo-karon da muke yi yau da lambar asusu a Facebook, su sun yi shi babu waya babu intanet, ta hanyar ƙungiyoyinsu na masu sayar da madara. Labarin ya samo asali ne daga aikin Verghese Kurien, mutumin da ya jagoranci haɗa kan makiyayan har kamfaninsu na Amul ya tsaya da ƙafarsa. A fim ɗin, wani likitan dabbobi ne ya zo ƙauye don kafa ƙungiyar gama-kai, saboda wani attajiri yana sayen madarar talakawa a wulaƙance yana cin ribar shi kaɗai. Attajirin kuwa Amrish Puri ne, wanda kuka fi sani da Mugambo, tun kafin ya zama Mugambo. Smita ta fito a matsayin Bindu, wata mata daga cikin mutanen da ake kira Dalit, waɗanda tsarin fifikon asali na Indiya ya ajiye a can ƙasa, har ana ƙyamar taɓa su. Mace ce mai kaifin baki, ba ta yarda da baƙo ba, ɓauna ɗaya ce duk arzikinta. Da ɓaunar ta mutu, talauci ya kai ta ga dangwala yatsa a takardar da ba ta san me ke ciki ba, ashe sharri ne aka shirya wa likitan. 'Yar minista ce fa, wadda ta tashi a birni, amma ta zauna da matan ƙauyen ta koyi tatsar nono da yadda suke tsugunawa da yadda suke magana, har ba ka iya ware ta a cikinsu. Da fim ɗin ya fito, makiyayan da suka biya kuɗinsa a manyan motoci suka riƙa zuwa kallo.

Shekara ɗaya bayan nan sai Bhumika. Wannan labarin wata tsohuwar jarumar finafinan Marathi ce, Hansa Wadkar, wadda ta rubuta tarihin rayuwarta ba ɓoye-ɓoye. Smita ta hau rol ɗin tun daga budurci har zuwa lokacin da ta zama uwar babbar 'ya. Matar tana samun kuɗi, tana da suna, amma mijinta shi ke juya dukiyar. Ta gudu daga hannunsa ta faɗa hannun wani, daga nan wani, ƙarshe ta tsinci kanta a gidan wani mai kuɗi da ya ba ta komai amma ya hana ta ko leƙa ƙofar gida. Kowane namiji da irin kejin da ya tanadar mata. Smita tana da shekara 21 zuwa 22 ta yi wannan aiki, kuma da shi ta karɓi lambar gwarzuwar jaruma ta ƙasa, wadda gwamnatin Indiya ke bayarwa. Ta sake karɓar ta da fim ɗin Chakra, inda ta fito a matsayin uwa mai rainon ɗa saurayi a unguwar 'yan share-wuri-zauna ta Bombay. Kafin a fara ɗauka sai da ta riƙa shiga irin waɗannan unguwanni tana kallon yadda ake rayuwa. Masu tallan fim ɗin kuma suka ɗauko wurin da take wanka a bakin famfo suka manna a fosta. Wurin da aka yi don nuna cewa talaka ba shi da ko makewayi, shi aka mayar abin jan 'yan kallo.

Ba ta rabu da talabijin gaba ɗaya ba. A 1981 babban darakta Satyajit Ray ya yi wa Doordarshan wani gajeren fim mai suna Sadgati, wanda bai kai awa ɗaya ba, daga labarin marubuci Premchand. Om Puri ne mijin, ita ce matar. Talaka ne Dalit ya je gidan malamin addininsu don a tsayar masa da rana mai sa'a ta baikon 'yarsa. Ba shi da abin biya, sai malamin ya sa shi aiki: shara, ɗaukar kaya, sannan faskaren wani ƙaton gungume, da yunwa, cikin rana. A nan ya faɗi ya mutu. Gawar ta zama matsala, domin manyan gari ba sa taɓa gawar irinsa, 'yan uwansa kuma suka ƙi ɗauka. Ƙarshe malamin ya zarga igiya a ƙafar gawar ya ja ta zuwa inda ake yar da mushe. Fitowar Smita a fim ɗin ba ta da yawa, amma wurin da ta zo kan gawar mijin cikin ruwan sama, wallahi idan ka kalla sai ka ajiye wayar ka yi shiru na ɗan lokaci. Shekara ɗaya ce tsakanin wannan ruwan saman da wancan na Namak Halaal.

To me ya kai ta fim ɗin rawa? Kusan shekara biyar tana ƙin karɓar irin waɗannan finafinai. Amma lambar yabo ba ta cika silima. Finafinan da take ji da su, 'yan boko da masu zuwa bikin baje finafinai ne ke kallo, matan da ake ba da labarinsu ba su ma san an yi ba. Ga shi su kansu daraktocin ƙananan finafinan sun fara neman fuskar da za ta sayar musu da tikiti. Lissafinta shi ne idan ta yi suna a kasuwa, za ta ja mutane zuwa ɗaya ɓangaren. Duk mai ɗora abu a soshiyal midiya ya san wannan ciwon: ka ɓata sati kana haɗa abu mai ma'ana mutum 200 su kalla, ka yi shirme na sakan 15 ya zagaye duniya.

Shekarar 1982 ita ce ta fi nuna yadda ta raba ƙafa. A ita ta yi Namak Halaal, ta yi Shakti tare da Amitabh da Dilip Kumar. A ita kuma ta yi Bazaar, a kan yadda ake aurar da ƙananan 'yan matan talakawan Musulmi na Hyderabad ga masu kuɗin da suka dawo daga ƙasashen Larabawa, aure a baki, ciniki a zahiri. Ta yi Umbartha da Marathi, labarin matar da ta bar jin daɗin gidan miji ta je riƙe gidan kula da matan da aka yasar, ta yi faɗa da masu cin amanar wurin, ta dawo gida ta tarar mijin ya samu wata. Gaskiya a cikin finafinan kasuwa da ta yi bayan nan akwai da yawa da ba su cancanci ta ba. Ta karɓi aiki fiye da ƙima, wasu ko sunansu ba a tunawa. Amma lissafin nata bai faɗi duka ba, tunda ga shi mu ma ta ƙofar Amitabh muka san ta. Ta yi fim da Hindi, Marathi, Bengali, Gujarati, Malayalam da Kannada. A 1984 aka shirya nuna jerin finafinanta a Faransa, a 1985 gwamnatin Indiya ta ba ta lambar girma ta Padma Shri.

Akwai fim ɗaya na 1982 da na bari sai yanzu, wato Arth na Mahesh Bhatt. Labarin wani mai shirya fim ne da ya bar matarsa saboda wata jaruma. Shabana Azmi ce matar gida, Smita ce ta waje, mai suna Kavita, wadda tsoro da zargin kai suka taɓa mata ƙwaƙwalwa. 'Yan kallo suka bi bayan matar gida, Shabana ta ɗauki lambar ƙasa. Dama akwai gasa mai zafi tsakanin su biyun, 'yan jarida na ƙara zuba fetur, kuma Shabana ta sha faɗa daga baya cewa ta yi nadamar wasu maganganun da ta yi a kanta.

Sai rayuwa ta kwaikwayi fim. Smita ta kamu da son jarumi Raj Babbar, wanda suka yi finafinai tare. Yana da mata, Nadira, ita ma 'yar wasan daɓe ce, da 'ya'ya biyu. Na san wani zai ce to mene ne, ba sai ta shiga a ta biyu ba? A can ba haka abin yake ba. Tun 1955 dokar auren mabiya addinin Hindu ta haramta auren mace fiye da ɗaya, don haka a idon jama'a babu wani abu wai shi amarya da uwargida, akwai matar gida ne da mai kashe gida. Raj ya bar gidansa ya koma wajenta, suka zauna a matsayin mata da miji. Jaridu suka yi mata ca. Mahaifiyarta ba ta so ba. Abin da ya fi ciwo, ƙungiyoyin mata da take tare da su, domin mamba ce a wata cibiyar kare haƙƙin mata a Bombay, da yawansu suka ga ta ci amanar abin da take wa'azi a kai: ta yaya mai kare mata za ta zama sanadin hawayen wata mace?

Tambayar tana da nauyi, kuma ba zan ce Nadira da 'ya'yanta ba a cuce su ba. Abin da na lura da shi kawai shi ne yadda aka raba laifin. Mutum biyu suka yi abu, wanda ya yi alƙawarin aure ya karya shi ne namijin, amma kaso mafi girma na zagin a kanta ya sauka. Shi ya ci gaba da fim, daga baya ya shiga siyasa har majalisar ƙasa. Ku duba sashen kwamen a duk ranar da irin wannan rigima ta tashi a kan wata jaruma a yau, ku ƙirga sunan wa aka fi kira.

Ranar 28 ga Nuwamba, 1986 ta haifi ɗa namiji, aka sa masa Prateik. Ta koma gida, sai zazzaɓi ya rufe ta. Jikin ya rikice, aka mayar da ita asibiti, ta fita hayyacinta. Ranar 13 ga Disamba ta rasu, kwana 15 bayan haihuwar, tana da shekara 31. Abin da aka bayyana shi ne matsalar da ke biyo bayan haihuwa, irin wadda ƙwayoyin cuta ke shiga jikin mai jego su bi jini. Ku duba fa: 'yar minista, 'yar ma'aikaciyar jinya, tauraruwa mai kuɗi a birni mai manyan asibitoci. Indiya da Najeriya har yanzu suna sahun gaba a duniya wajen yawan matan da ke rasuwa ta dalilin ciki da haihuwa. Idan yayarka ko matarka ta haihu ta fara zazzaɓi, ba abin da za a ce a bari a ga gobe ba ne, ko a ce ai ruwan wanka ne bai yi zafi ba. A tafi asibiti a ranar.

Mai yi mata kwalliya a wurin ɗaukar fim ya ba da labarin cewa ta taɓa roƙonsa idan ta mutu a yi mata ado irin na matar aure kafin a fita da ita. Shi ya yi mata, yana kuka. Raj Babbar ya koma wajen Nadira. Jaririn kuma kakanninsa na wajen uwa suka raine shi.

Ta bar aiki da yawa a ƙasa, finafinai fiye da 10 suka fito bayan rasuwarta. Akwai Dance Dance na 1987 inda ta fito yayar Mithun Chakraborty, masoyan Disco Dancer za su tuna. Akwai Waaris na 1988, wanda ba ta kai ga ɗora muryarta ba, sai Rekha ce ta yi magana a madadinta. Amma wanda zan ce ku nema, ko da datar dare ce, shi ne Mirch Masala na Ketan Mehta, wanda ya fito a 1987.

Zamanin mulkin Turawa ne, a wani ƙauye a Gujarat. Wani jami'in karɓar haraji, Naseeruddin Shah, ya kafa tanti a bakin gari da sojojinsa, abin da ya ga dama shi yake ɗauka. Ya ga Sonbai, matar aure da mijinta ya tafi birni neman aiki, ya neme ta. Ta sharara masa mari. Sojoji suka biyo ta, ta faɗa wani gida da mata ke daka barkono, tsohon maigadin wurin, wani Musulmi mai suna Abu Miyan, ya rufe ƙofa ya tsaya da tsohuwar bindigarsa. Jami'in ya ce ko a miƙo ta ko ya ƙone garin. Mazan gari da maigarinsu suka zauna suka yanke cewa a ba shi ita a zauna lafiya. Har wasu daga cikin matan da ke ciki suka fara lallashinta ta je, suna cewa ai ita ta jawo. Ta ƙi. Aka ɓalle ƙofar, aka harbe tsohon. Jami'in ya shigo yana murmushi, sai matan nan suka kama bakin zannuwa cike da garin barkono, bibbiyu, suna watsa masa a fuska har ya durƙushe yana ihu. Sonbai na tsaye da lauje a hannu, jan ƙura ya turnuƙe wurin. Smita ba ta ga fitowar fim ɗin ba.

Prateik ya girma ya zama ɗan fim shi ma, kun gan shi a Baaghi 2, kuma a 'yan shekarun nan ya saka sunan mahaifiyarsa a cikin nasa. A watan Mayun 2024, bayan an gyara tsohon faifan Manthan, fim ɗin makiyayan nan masu rufi bibbiyu, aka nuna shi a bikin finafinai na Cannes a Faransa. Naseeruddin Shah ya je, furfura ta rufe kansa. Prateik ma yana cikin zauren, yana da shekara 37, yana kallon mahaifiyarsa a allo tana 'yar shekara 20.